Na yi kaka uku a Master League, rana ɗaya komai ya ɓace: ina ajiyar wasa take zama a emuleta?

Tambayar ta zo ne daga wani ɗalibin Jami'ar Jos da ke zaune a Farin Gada, mai buga wasan ƙwallo na PES a waya ta PPSSPP. Ita PPSSPP emuleta ce, wato manhajar da ke kwaikwayon na'urar gem, kuma PSP take kwaikwaya, na'urar hannu ta Sony. Master League kuwa sashen PES ne da mutum ke riƙe ƙungiya kaka bayan kaka. Ga abin da ya rubuto: "Assalamu alaikum, Yaya. Kaka uku na buga a Master League a PPSSPP, sai abokina ya turo mini sabon PES mai sababbin 'yan wasa ta Xender. Na warware shi, na buɗe, babu ƙungiyata, babu kofunana. Ga shi kuma na sayi sabuwar waya, ina so in kwashe inda na tsaya a wasannin PS2 da na PS1 kafin in sayar da tsohuwar, wasu kuma in mayar da su laftof. Ni dai Save State nake dannawa kullum. Akwai mafita?"

Wa alaikumus salam, ƙanina. Kafin komai, ajiye tsohuwar wayar nan a aljihunka. Kada ka kai ta kasuwa, kada ka bari a yi mata filashin, kada ka cire emuleta ko ɗaya daga cikinta, kuma kada ka danna maɓallin nan na share shara da wayar ke ta roƙonka ka danna. Idan da sauran abin da za a ceto, a cikinta yake.

Na daɗe a wannan harka. Ina da gidan gem a Unguwar Rogo a zamanin da PS2 ke tashe, talabijin huɗu da benci biyu, kafin in koma gyaran waya da kwamfuta a wajen Taminus. A wancan lokacin babu yaron da bai san inda ajiyarsa take ba, domin a hannu ake riƙe ta. Katin ajiya ne ɗan ƙarami da ake sokawa a saman inda ake jona fad. Wanda ya mallaki nasa, a cikin safa yake ɓoye shi, ya zo da shi ya tafi da shi. Na taɓa raba dambe a kan katin nan, saboda wani ya goge ajiyar wani don ya samu gurbi. Na PS1 kilobayit 128 ne kacal, an raba shi gida 15, wasu wasannin kuma su ci gida biyu ko fiye. Na PS2 da ya fito a shekarar 2000 megabayit 8 ne, muna ganinsa kamar rumbu.

Abin da emuleta ta yi shi ne ta mayar da wannan kati ya zama fayil. Shi ke nan. Yana nan zaune a cikin wata folda, yana da suna, yana da nauyi, ana iya kwafarsa, ana iya danne shi da wani. Masifar ita ce ba a ganinsa, don haka mutane suke zaton ajiyar tana cikin wasan ne, ko cikin manhajar. Ba ta can. Fayil ɗin wasan, wato ISO ɗin da aka turo maka, ba ya canzawa ko da ka shekara kana bugawa.

Mu fara da Master League ɗinka, tunda shi ne ke ci maka rai.

PPSSPP tana kwaikwayon katin PSP ne da folda mai suna PSP. A ciki akwai SAVEDATA, inda ajiyar da wasa ya yi da kansa take zama, akwai kuma PPSSPP_STATE, inda abin da kake dannawa yake zama. Kowace ajiya a SAVEDATA folda ce mai zaman kanta, sunanta yana farawa da lambar shaidar wasan: galibi ULES idan na Turai ne, ULUS idan na Amurka ne, sai lambobi biyar. Su waɗannan PES ɗin da ake yawo da su a wayoyi, masu ɗauke da shekarar bana, ba sababbin wasanni ba ne. Tsohon wasan PSP ne masu gyare-gyare suke yi wa kwaskwarima, shi ya sa yake zuwa kashi uku: ISO, da TEXTURES mai riguna da fuskoki, da SAVEDATA mai sunayen 'yan wasa da musayar ƙungiyoyi. Lokacin da ka warware shi da ZArchiver ko makamancinta, an tambaye ka ko a maye gurbin fayilolin da sunansu ya zo ɗaya, ka ce a maye duka. Kowa haka yake yi, don hannu ya riga ido.

To abu ɗaya cikin biyu ne ya faru. Ko dai sabon yana da lambar shaida daban da tsohon, ko kuwa lambarsu ɗaya. Idan daban ce, ka yi sa'a: ajiyarka tana nan lafiya, sabon wasan ne bai san ta ba, kamar ɗan aike da aka ba lambar gida daban. Buɗe SAVEDATA ka jera foldojin bisa kwanan wata. Idan ka ga wata mai kwanan watan daren da ka buga wasanka na ƙarshe, ita ce. Buɗe tsohon ISO ɗin, za ka tarar da ƙungiyarka. Idan kuwa lambar ɗaya ce, kuma kunshin abokin naka yana ɗauke da folda mai suna iri ɗaya da taka, to an rubuta tasa a kan taka. A nan sai dai haƙuri. Kada ka ɓata datarka a kan manhajojin da ke alkawarin dawo da abin da ya ɓace. Wanda aka goge wani lokaci akan samu, amma wanda aka rubuta wani a kansa ya tafi.

Sai dai kai akwai wata ƙofa da ta rage maka, kuma wannan ɗabi'ar taka da zan yi maka faɗa a kanta ce ta buɗe ta. Kunshin abokinka da wuya ya taɓa PPSSPP_STATE. Leƙa ciki, ka nemi fayiloli masu ƙarewa da .ppst. Kwafe dukan foldar PSP zuwa wani wuri tukuna. Sannan ka buɗe tsohon ISO, ba sabon ba, ka ɗauko ajiyar da ka danna ta ƙarshe. Idan ta buɗe ka ga kanka cikin kakarka ta uku, nan take ka shiga jerin zaɓin wasan ka yi sebin na ainihi, a gurbin da babu komai. Na ceto wa mutane da dama ta wannan hanya. Idan ka riga ka goge tsohon ISO, nemi ainihin irinsa wurin wanda ya ba ka tun farko, domin wani daban ba lallai ya karɓa ba. Kuma ka sani, Master League da aka fara a tsohon gyara ba ya yawan zama lafiya a sabo: sunaye da fuskoki sukan hautsine. Ni shawarata, ka ƙarasa kakarka a tsohon, ka fara sabuwa a sabon.

Yanzu faɗan.

Ajiya iri biyu ce, kuma sunan kawai suka haɗa. Ta farko ita ce wadda wasan yake yi da kansa, ka je wurin sebin, ya rubuta a kati cewa kana mataki kaza, kana da kuɗi kaza, ka ci kofi kaza. Ƙarama ce, kuma tsarinta na na'urar asali ne, ba na emuleta ba. Ta biyu, wadda kake dannawa, ni ina kiranta daskararwa. Emuleta ce take tsayar da na'urar gaba ɗaya a daidai wannan ƙiftawar ido, ta kwashe duk abin da ke cikin ƙwaƙwalwarta, har ƙwallon da ke sama bai sauko ba, ta zuba a fayil. Daɗi ne da ita, ba na musu. Malami ya shigo aji, ko an kira salla, ka danna ka sa a aljihu. Amma da yake hoton cikin emuletar ce, ita kaɗai take iya karanta shi, sau da yawa ma sai wannan zubin nata na wannan lokacin. Masu PCSX2, emuletar PS2 ta kwamfuta, sun sha canza tsarin daskararwarsu daga zubi zuwa zubi, tsofaffin su daina buɗewa. Daskararwar ePSXe ba ta buɗewa a DuckStation duk da dukansu emuletocin PS1 ne. A RetroArch ma, manhajar da ke tara emuletoci da yawa a matsayin cibiyoyi, ta wata cibiya ba ta buɗewa a wata. Katin ajiya kuwa, wanda aka cika a na'urar gaske tun 1998 yana buɗewa yau.

Akwai wani yaro da ya zo shagona da laftof, idonsa ya yi ja. Wata shida yana buga wani dogon wasan PS2, bai taɓa yin sebin na cikin wasa ba ko sau ɗaya, katinsa ko fomatin ba a yi masa ba. Ya sabunta emuleta, daskararwar ta ƙi. Sai da muka nemo tsohon zubin da yake amfani da shi, muka girka a folda daban, muka ɗauko daskararwar, na sa shi ya taka da ƙafarsa har wurin sebin mafi kusa. Minti ashirin yana tafiya, ni ina riƙe da wayar caja da hannu don bakinta ya saki kuma batirin laftof ɗin ya mutu tuntuni. Da an ɗauke wuta a lokacin, da mun sake daga farko.

Wani abin da ba a cika faɗa ba: idan ka daɗe kana ɗorawa daga daskararwa zuwa daskararwa, na'urar a ganinta ba a taɓa kashe ta ba. Duk wani ɗan kuskure da ya shiga ƙwaƙwalwa, da shi ake daskarewa, da shi ake tashi, yana taruwa. PPSSPP ma takan nuna ɗan gargaɗi a irin wannan hali, cewa ka yi sebin a cikin wasa, ka sake kunnawa, ka ɗauko daga can. Haɗa biyun barkatai kuma yana da nasa haɗarin. A wasannin kaset irin na Super Nintendo da Game Boy Advance, ajiyar cikin wasa tana cikin abin da ake daskarewa. Ka ɗauko daskararwar makon jiya don ka nuna wa aboki wani wuri, sai ta mayar da ajiyarka ta koma ta makon jiya, emuleta kuma ta rubuta hakan a fayil lokacin da ka rufe. RetroArch tana da zaɓi a sashen ajiya da ke hana daskararwa danne wannan fayil. Kunna shi. A wannan sashen kuma akwai inda ake sa mata tazarar daƙiƙoƙin da za ta riƙa rubuta ajiya da kanta. Tabbatar yana kunne, don idan ba haka ba sai ka rufe wasan yadda ya kamata take rubutawa, wayoyinmu kuwa sun iya kashe manhaja a bayan fage da sunan tattalin batir.

Don haka abin da za ka yi a tsohuwar waya kafin kwasa: buɗe kowane wasa, ɗauko daskararwarsa, yi sebin na cikin wasa, rufe wasan gaba ɗaya, sake kunna shi daga farko ka tabbatar ajiyar tana ɗaukuwa daga allon farko. Sai ka gani da idonka sannan ka wuce na gaba.

Sai kwasar kanta. A nan Android ce ke ba mutane wahala. Tun daga Android 11 da ta fito a 2020, an taƙaita shiga foldar Android/data, inda manhajoji da yawa suke ajiye kayansu, kuma duk ranar da ka cire manhaja ko ka share bayananta, foldarta ta can tana tafiya da ita. PPSSPP tana tambayarka tun farko inda kake so ta ajiye foldar PSP. Idan ka zaɓi wuri a fili cikin ma'ajiyar waya, madalla, ɗauke ta ɗungurungum ka tura. Idan a Android/data take, jona wayar da laftof ta kebul, daga can galibi ana ganin ciki. Kuma ka lura, PPSSPP ta kyauta da ta Gold manhajoji biyu ne, kowace da gidanta. Mutane kan koma Gold su ce wasansu ya ɓace, alhali yana gidan da suka baro.

Na PS2 a waya, ina kyautata zaton AetherSX2 kake amfani da ita ko NetherSX2 da aka gina a kanta bayan mai ita ya daina aikinta a farkon 2023. Katunanta suna cikin folda mai suna memcards, sunayensu Mcd001.ps2 da Mcd002.ps2, daidai da ramuka biyu na na'urar. Tsarinsu ɗaya ne da na PCSX2 ta kwamfuta, don haka kwafa kawai za ka yi zuwa memcards na laftof. Duba nauyin fayil ɗin bayan ka kwafa: katin megabayit 8 yakan nuna bayit 8,650,752. Idan ka ga sifili ko wani ɗan guntu, kwafar ba ta kammala ba. A laftof kada ka tsaya lalube, PCSX2 da DuckStation duk suna da wurin dannawa a ƙarƙashin Tools da ke buɗe maka foldar bayanansu kai tsaye. Kuma idan akwai wani Mcd001.ps2 a can, canza masa suna kafin ka zuba naka, kada ka maimaita abin da ya faru da Master League.

PS1 ita ce mafi sauƙi, kuma a nan ne mutane suka fi ruɗewa saboda wutsiyar suna. ePSXe tana kiran katinta .mcr, DuckStation tana kiransa .mcd, RetroArch kuma .srm. Ciki duk abu ɗaya ne, bayit 131,072. Canza wutsiyar kawai ya isa, amma sai ka sa Windows ta nuna wutsiyoyin fayiloli, don a ɓoye take barinsu, sai mutum ya ƙare da suna mai wutsiya biyu yana mamakin abin da ya hana. Idan ka ci karo da .gme, wannan yana da ƙarin bayani a kansa, sai an bi da shi ta MemcardRex, ƙaramar manhajar kyauta da ke buɗe kati ta nuna maka gidajen nan 15 ɗaya bayan ɗaya. DuckStation tana da nata editan kati a ciki, kuma a tsarinta na asali kowane wasa katinsa daban take ba shi. Ina son wannan tsari, don gida 15 ba ya cika, kuma lalacewar kati ɗaya ba ta shafar sauran. Illarsa ɗaya ce: wasannin da ke leƙa ajiyar wasu wasanni ba za su ga komai ba. Waɗanda suka buga Metal Gear Solid za su tuna abokin gaban nan da ke karanto maka wasannin Konami da ke katinka, har wasu yara a shagona suka rantse aljani ne.

Abu biyu ne suke sa ajiya lafiyayya ta ƙi fitowa bayan an kwashe ta, kuma kusan duk wanda ya zo mini da kuka ɗayansu ne.

Na farko yanki. Wasa ɗaya yakan fito kashi uku, kuma kowanne baƙo ne ga ɗan'uwansa. A PS1 da PS2, SLUS na Amurka ne, SLES na Turai, SLPS da SLPM na Japan. A cikin kati ma sunan ajiyar yana ɗauke da wannan lamba. Mu da muka tashi da Winning Eleven mai sharhi da Japananci mun san wannan tun da daɗewa: ajiyarsa ba ta shiga PES na Turai duk da kamfani ɗaya ne. Saboda haka kada ka ce za ka sake sauko da wasan a sabuwar waya daga wani wuri. Tura ainihin fayil ɗin da ke tsohuwar.

Na biyu suna. Emuletocin wasannin kaset, da RetroArch baki ɗaya, suna haɗa ajiya da wasa ne ta sunan fayil. Idan wasan sunansa kaza.gba, ajiyar dole ta zama kaza.sav ko kaza.srm, harafi da harafi. Ka gyara sunan wasan don ya yi kyau a ido, ko Xender ta liƙa masa lamba a ƙarshe saboda akwai irinsa, sai emuleta ta buɗe sabuwar ajiya fanko. Tsohuwar tana gefe ba abin da ya same ta. Daidaita sunayen, ta dawo. A Game Boy Advance akwai ƙarin wani abu: kasetocin ba iri ɗaya suke ajiya ba, akwai mai bayit 512, mai kilobayit 8, 32, 64, da 128. Pokémon Emerald da FireRed na 128 ne, kuma tsofaffin emuletoci sukan ba su 64, sai wasan ya yi ƙorafi ko ya ƙi ajiyewa. mGBA tana gane wannan da kanta, ita nake girka wa mutane.

Game da kwafin kariya, ba na son dogon tsari da ba wanda zai bi. Ajiyoyin cikin wasa ƙanana ne ƙwarai. SAVEDATA da memcards da foldar saves ta RetroArch duka, idan ka dunƙule su a zif, galibi ba su kai nauyin ɗan gajeren bidiyon da ake turawa a guruf ba. Daskararwa ce mai nauyi, musamman ta PS2, ita kuma ba sai ka kwashe ta duka ba. Ni duk ranar Juma'a bayan an sauko nake dunƙule nawa, in sa kwanan wata a sunan, in tura Google Drive, wanda ke ba da gigabayit 15 kyauta. Wanda bai saba da shi ba ya tura wa kansa a Telegram ko WhatsApp a matsayin takarda. Ina barin huɗu na baya ban goge ba, saboda kati yakan lalace mutum bai sani ba sai bayan mako biyu, idan kwafi ɗaya kake dannewa kullum to lalataccen ka adana. Ban da wannan, duk lokacin da za ka sabunta emuleta, ko warware wani kunshi a kan foldar PSP, ko miƙa waya ga mai gyara, yi kwafi tukuna. Mu masu gyara, in faɗa maka gaskiya, hotuna da lambobi muke tambaya kafin filashin, ba wanda ke tuna katin gem.

Kada kwafin ya zama a memori mai arha kaɗai. Na sha karɓar waɗanda aka rubuta wa gigabayit 64 alhali cikinsu bai kai 8 ba. Suna karɓar fayil, suna nuna sunansa da nauyinsa, ranar da ka buɗe ka tarar da fanko. Kuma idan za ka riƙa bugawa a waya da laftof duka, ka tsayar da ƙa'ida ɗaya: inda ka buga na ƙarshe, daga nan ake kwafa, kuma sai an rufe emuleta a ɓangarorin biyu. Kwanan watan fayil ne alƙali, don haka agogon laftof ɗin ya zama daidai. Tsofaffin laftof da batirin agogonsu ya mutu sukan koma wata shekara can baya duk lokacin da aka kunna, sai sabuwar ajiya ta zama kamar ita ce tsohuwa.

Tsohuwar wayar kuma, sai ka buɗe kowane wasa a sabuwar, ka ɗauko ajiyarsa daga allon farko, ka buga minti biyar, ka sake yin sebin ya karɓa, sannan ka goge ta ka kai kasuwa. Idan foldar SAVEDATA ta ruɗa ka, ɗauki hoton allon yadda sunaye da kwanan wata za su fito ka turo mini, ko ka biyo ta shago da wayoyin biyu da kebul ranar Asabar da hantsi, kafin kasuwa ta cika.